Saura sati 10 bikina, amma barci ya ƙaurace min

Amaryar Gobe:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Don Allah ina neman shawarar waɗanda suka riga ni bin wannan hanya. Saura sati 10 a ɗaura min aure. Manyan abubuwa duk an gama su: an tsayar da rana, an kama wurin taro, an yi magana da mai hoto, ɗinki ma yana hannun tela. Na ɗauka in an kai nan hankalina zai kwanta, sai ga shi yanzu ne ma kayan suka fi yi min nauyi.

Ƙananan abubuwa ne suka taru suka tsaya min a wuya. Wa zai ɗauko baƙin da za su zo daga nesa, ina za su kwana, kati har yau ba a buga ba saboda jerin sunaye kullum ƙaruwa yake, takalmin da na saya yana matse ni, gidan da za mu zauna ba a gama fenti ba. Ƙarfe 3 na dare sai in farka, kaina ya hau lissafi har asuba, in tafi aiki ido a kumbure. Shekaranjiya na ɗaga wa mahaifiyata murya a kan launin kati, abin da ban taɓa yi ba tun da nake. Na shiga ɗaki na yi ta kuka. Shi kuma wanda zan aura, duk abin da na tambaye shi sai ya ce "duk yadda kika yi daidai ne", kuma wannan amsar ƙara min kaya take yi.

Haka kowa yake ji, ko ni ce na kasa?

Maman Tagwaye:
Wa alaikumus salam ƙanwata. Allah ya sanya alheri, ya kai mu ranar lafiya. Ba ki kasa ba. Ni shekarata 11 da aure, amma har yau ina tuna watanni biyun ƙarshen nan, don na rame har sai da aka rage min kayan da aka riga aka ɗinka.

Kafin komai, yau ɗin nan ki je ki zauna kusa da Mama ki ba ta haƙuri. Kada ki tsaya yi mata bayanin kati, ki ce mata kawai kin gaji kuma kin yi kuskure. Ita ma fa tana ɗauke da nata nauyin, 'yarta za ta bar gida, ba lallai ta faɗa miki ba. Ni sai bayan biki na gane cewa yawan gyara min abubuwa da tawa mahaifiyar take yi, hanyarta ce ta riƙe ni kafin in tafi.

Anti Nas:
'Yar uwa, ni ma'aikaciyar jinya ce, bari in fara da jikinki tunda shi ya fara kawo ƙara. Mutane suna ɗauka baƙin ciki ne kaɗai ke gajiyar da zuciya, alhali abin farin ciki ma yana yi. A 1967 wasu likitocin ƙwaƙwalwa biyu a Amurka, Thomas Holmes da Richard Rahe, sun jera abubuwa 43 da kan faru a rayuwar mutum, suka ba kowanne maki gwargwadon yadda yake tilasta wa mutum sauya tsarin rayuwarsa. Mutuwar miji ko mata ta samu 100, rabuwar aure 73, yin aure kuma 50, sama da korar mutum daga aiki mai maki 47. Sauya wurin zama ma maki 20 ne shi kaɗai. Ke kuwa ga aure, ga tashi daga gida, ga sababbin dangi, duk a lokaci guda.

Farkawar ƙarfe 3 ɗin ma tana da dalili. Barcin rabin dare na biyu ya fi sauƙin katsewa, kuma a wannan lokacin ne sinadarin kotizol, wanda ke shirya jiki ya tashi, yake fara hawa. Mai kwanciyar hankali zai juya ya koma barci bai ma sani ba. Wanda kansa ke cike da lissafi kuwa, da ya ɗan farka sai tunani ya cafke shi.

Babba yana bukatar barcin awa 7 zuwa sama. Idan kina shan kofi don ki jure aiki, ki sani bayan kimanin awa 5 rabin kafeyin ɗin, wato sinadarin kofi mai hana barci, yana nan a jininki, don haka ki tsayar da shi daga rana tsaka. In kin farka kin kai kamar minti 20 barci bai dawo ba, kada ki ɗauki waya. Ki tashi ki zauna a wuri mai ƙarancin haske har sai kin ji gyangyaɗi, sannan ki koma gado. Kuma ki samu ko minti 30 na tafiyar ƙafa a yawancin ranakun mako, yana sauke gajiyar zuciya fiye da yadda ake zato.

Uwar Biki:
Amarya, shirya taro shi ne sana'ata, kuma abin da kika rubuta na gan shi sau ba adadi. Ki sake karanta saƙonki: baƙi, masauki, kati, takalmi, fenti. Abu 5 kika lissafa. In kin zauna kin zazzage duk abin da ke kanki, da wuya su wuce 30 ko 40, kuma rabinsu kiran waya ɗaya ne zai kashe su. Abin da ke cinye ki shi ne duk a kanki suke zaune, kowanne yana zagayowa yana ƙwanƙwasa miki ƙofa sau goma a rana.

Ki samu littafi guda ɗaya, ko shafi ɗaya a Google Sheets idan kin fi sabawa da waya. Guda ɗaya fa, ba takardu a jaka da saƙonni a WhatsApp da wasu a bayan ambulan ba. Kowane abu ki rubuta masa abu uku a gabansa: mene ne mataki na gaba, wa zai yi, wace rana. Kada ki rubuta "masaukin baƙi", wannan damuwa ce kika rubuta. Ki rubuta "Yaya zai kira mutum 6 da ke zuwa daga nesa ya ji kwana nawa za su yi, kafin Laraba". Duk layin da babu suna da rana a gabansa, to yana nan a kanki.

Sannan jerin sunayen nan, shi ne ya tare miki hanya. Kujeru, girman wuri, yawan kati, masu hidima, duk a kansa suka rataya. Ki zauna da iyayenki, shi ma ya zauna da nasa, ku sa ranar rufe shi cikin satin nan. Ku bar gurbi kaɗan na waɗanda aka manta da gaske, a buga kati da 'yar rara, shi ke nan.

'Yar Auta:
Hajiya Uwar Biki, da girmamawa, maganar "wa zai yi" ɗin nan ban yarda da ita ba. Ni bara na yi aure. Na bi irin wannan shawarar, na raba wa ƙawaye da 'yan uwa aiki. Wadda na ɗora wa karɓo kayana daga wurin tela ta manta, sai daren jajibiri muka tuna, muka tarar shago a rufe. Da kuka na kwana. Motar da aka ce an tanadar wa tsofaffi ma ba ta zo ba, kowa ya ce ya ɗauka wani ne zai kira direba. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Amarya, abin da ya dame ki ki yi da kanki, gara gajiya da takaici.

Uwar Biki:
Ƙanwata, na ji zafin abin da ya same ki, kuma ba ƙaramin abu ba ne mutum ya kwana da kuka a jajibirin bikinsa. Amma ki duba maganar motar: "kowa ya ɗauka wani ne zai kira." Wannan shi ne abin da ke faruwa idan aka jefa aiki cikin taron mutane aka ce "don Allah a kula da mota". Aikin da aka ba mutum biyar ba a ba kowa ba. Mutum ɗaya ake kira da sunansa, a ba shi lambar direba, a ce ranar kaza zan tambaye ka.

Maganar kaya kuma, ina tare da ke rabi. Akwai abu biyu ko uku da amarya ba ta sakin su: kayan da za ta sa, takardunta, da duk abin da in ya lalace ba a iya maye gurbinsa. Amma kuskuren farko shi ne barin kayan a wurin tela har jajibiri. Ba a fafe gora ranar tafiya. Ni nakan gaya wa tela ranar da ta riga ta gaskiya da sati 3, a gwada, a gyara, a kawo gida a rataye. Idan amarya ta ce komai da hannunta za ta yi, ranar biki za ki same ta da waya a kunne tana yi wa direba kwatance ana mata kwalliya.

'Yar Auta:
Na yarda da batun sati 3 ɗin, da na san haka da ban sha wahala ba. Amma har yanzu ina cewa a san wanda ake ba wa amana. Kusanci daban, iya aiki daban. Wadda ta fi sona a cikin ƙawayena ita ce ta manta.

Maman Tagwaye:
Nan kam kin faɗi gaskiya. A kowane dangi akwai mutum ɗaya da in an ce ƙarfe 4, ƙarfe 4 saura za ki gan shi. Shi ake nema, ko da ba shi ne na kusa ba. Mai yawan ƙauna kuma a ba ta zama kusa da amarya ranar, wannan ma aiki ne.

Malamin Lissafi:
Ku ba ni dama in sa baki a matsayin namiji, wata 8 ke nan da aurena. Amarya, wannan kalma ta "duk yadda kika yi daidai ne" ni ma na faɗe ta ya fi sau ashirin, kuma har zuciyata na ɗauka girmamawa nake yi, wato ba na son in yi mata katsalandan a ranarta. Sai da ta fashe min da kuka ta ce duk shawarar da na ƙi yankewa ita nake bar wa, sannan na farga.

Abin da ya gyara mu shi ne ta daina tambayata ra'ayi, ta miƙa min fanni sukutum. Motoci, masaukin baƙi, gyaran gida, biyan ragowar kuɗin masu aiki, duk suka dawo wuyana daga farko har ƙarshe. In kin tambaye shi wane launi ya fi, da gaske ne bai ga bambanci ba. In kin ce fentin gida naka ne, ina so a gama kafin ranar kaza, ya san abin da zai yi. Sharaɗin kawai, in kin ba shi kada ki dawo kina dubawa kullum, kuma in ya yi ba daidai yadda ke za ki yi ba amma ya yi, ki bar shi.

Maganar littafin Hajiya kuma tana da tushe a ilimi. Wata masaniyar halayyar ɗan Adam, Bluma Zeigarnik, ta wallafa a 1927 cewa mutane sun fi tuna aikin da aka katse musu fiye da wanda suka kammala. A 2011 wasu masana biyu, Masicampo da Baumeister, suka nuna cewa ba sai an gama aikin ba: da zarar mutum ya tsara takamaiman yadda da lokacin da zai yi shi, tunanin yana rage kutso masa. Akwai kuma gwajin da aka yi a Jami'ar Baylor da ke Amurka aka wallafa a 2018, da mutum 57. Waɗanda suka ɗauki minti 5 kafin kwanciya suka rubuta ayyukan da ke jiransu sun riga waɗanda suka rubuta abin da suka riga suka gama yin barci da kimanin minti 9. Don haka littafin nan ya kwana kusa da gadonki.

Abu na ƙarshe, duk lokacin da mai aiki ya ce miki kwana 4, ki rubuta 7. Ba lallai ƙarya yake yi ba, haka ɗan Adam yake, yana raina tsawon aikin da ke gabansa. Masana halayyar ɗan Adam Daniel Kahneman da Amos Tversky sun yi bayanin wannan tun 1979. Shahararren ginin kiɗa da wasan kwaikwayon nan na Sydney a Ostireliya, wato Sydney Opera House, an yi hasashen gama shi a 1963, ba a buɗe shi ba sai 1973. Kuɗi ma haka, ku ware kamar kashi 10 cikin 100 na abin da ya rage ku ɓoye, don ƙananan kashe-kashen satin ƙarshe ba sa sallama.

Mai Faɗin Gaskiya:
Kowa yana ta maganar littafi da tela. Ni tambaya ɗaya zan yi, kuma amarya ki yi haƙuri da ni. Kin tabbata bikin ne ke hana ki barci, ba auren ba? Na san wadda ta yi ta kuka a kan labule da kujeru, ashe zuciyarta ce ba ta kwanta da mutumin ba, ta rasa yadda za ta faɗa saboda an riga an kashe kuɗi an gaya wa duniya. Ba ta yi shekara ba ta dawo gida.

Maman Tagwaye:
Haba 'yar uwa, yarinya ta zo da gajiya kina ƙara mata wasiwasi? Wace amarya ce ba ta kuka?

Mai Faɗin Gaskiya:
Maman Tagwaye, ba mugunta nake nufi ba. Waccan da na ba da labari ƙanwata ce uwa ɗaya uba ɗaya, kuma ina cikin masu ce mata kowace amarya tana kuka. Har yau abin yana ci na. Gara a tambaya yanzu, in babu komai ai ba a yi asara ba.

Anti Nas:
Tambayar tana da wurinta, kuma akwai hanyar da mutum zai gwada kansa. Amarya, ki rufe ido ki ɗauka an wayi gari biki ya wuce, baƙi sun watse, daga ke sai shi a gida wata ranar Talata da babu komai. In abin da kika ji sauƙi ne, to taron ne ya gajiyar da ke. In kuwa ƙirjinki ya ƙara nauyi, ko kina jin tsoronsa, ko yana wulaƙanta ki, ko yana raba ki da mutanenki, wannan ba maganar jerin aiki ba ce, ki samu babba da kika amince da shi ku zauna tun yanzu.

Kuma tunda an zo nan: idan rashin barcin ya ɗauki makonni bai sassauta ba, ko zuciyarki na bugawa da ƙarfi kina jin numfashi na ɗaukewa, ko kin daina cin abinci, ko komai ya daina yi miki daɗi, ki ga likita, kada ki ce sai bayan biki.

Amaryar Gobe:
Anti, na yi abin da kika ce, na rufe ido. Wallahi abin da na ji shi ne ina ma a ce yau ce Talatar. Mai Faɗin Gaskiya, ban ji haushi ba, na gode, Allah ya ba ƙanwarki wanda ya fi alheri. Matsalar da na gano ita ce wata guda ke nan duk hirarmu da shi ta koma ta kuɗi da masu aiki. Ko ya kira, kafin ya gama gaisuwa na fara karanto masa abin da ba a yi ba. Jiya ma da faɗa muka rabu.

Malamin Lissafi:
Mu ma mun faɗa wannan ramin. Muka sa doka: maganar biki sau biyu a mako, rana sananniya, minti 30, da littafi a gaba. Sauran kiran duk na hira ne. Abin da ya taso a tsakani a rubuta shi ya jira ranarsa, sai dai in gaggawa ce ta gaske. Kuma in murya ta fara tashi, ku tsaya. John Gottman, wanda ya shafe shekaru yana nazarin ma'aurata a Amurka, yana ba da shawarar a dakata aƙalla minti 20, domin idan bugun zuciya ya hau mutum ba ya iya sauraro sai jiki ya huce. Amma a faɗi lokacin da za a dawo kan maganar, kada ɗayan ya ɗauka an kashe masa waya ne.

Anti Nas:
Na manta ban tambaya ba, kun yi gwajin jini ku biyun? In ba ku yi ba, shi ne layin farko a littafin, gaba da kati da fenti. Idan mace da namiji duk AS ne, wato masu ɗauke da gadon sikila ba tare da ciwon ba, kowane ciki yana da yiwuwar 1 cikin 4 na haihuwar mai cutar sikila. Wannan ba abin da ake so a sani a satin biki ba ne.

Sai kuma fata. Kada ki gwada sabon mai ko sabon gyaran fuska a sati biyun ƙarshe, in zai yi miki ƙuraje babu lokacin warkewa. Kada kuma ki shiga yunwa don ki rame, tela ya riga ya auna ki, kuma yunwa tana ƙara saurin fushi.

Uwar Biki:
Ƙari kaɗan a kan na Anti. Takalmin da ke matse ki, ki riƙa sa shi a gida minti 15 kullum, in bayan sati bai saki ba ki canza, awanni za ki yi a tsaye. Kwalliya a gwada ta tun saura wata guda, a ɗauki hoto a hasken rana da na fitila. In za ku yi tafiya ƙasar waje bayan biki, ku duba fasfo yau, ƙasashe da yawa suna so ya kasance da sauran wata 6 kafin ya ƙare. Duk wanda kika ba kuɗin kafin alƙalami, ki sa ya rubuto miki rana, lokacin isowa, da ragowar kuɗinsa, ko a saƙon waya ne. Saura sati ɗaya a sake kiran kowa a tabbatar.

Ranar kanta kuma wayarki ba ta hannunki. Ki zaɓi mutum ɗaya mai sanyin kai, ki ba duk masu aiki lambarsa. Wani abu zai karkace, ban taɓa ganin taron da komai ya tafi daidai ba, amma yawancinsa ba za ki ma sani ba in akwai mai tare miki.

Amaryar Gobe:
'Yan uwa na dawo, yau kwana 9 da rubutuna na farko. A daren ranar na je wurin Mama na ba ta haƙuri, ta riƙe hannuna muka yi kuka tare, ta ce ita ma ba ta barci. Na bar mata launin katin, wanda ta zaɓa aka buga, jiya aka kawo.

Da na zazzage kaina a littafi abu 34 suka fito. Na soke 6 gaba ɗaya don na ga babu wanda zai lura da rashinsu. Guda 11 na miƙa masa, har an fara fenti, kuma ina ta danne zuciyata kada in tambaye shi sai ranar Asabar da muka sa. Yayata ta karɓi baƙi da masauki. Kayana da takarduna suna hannuna kamar yadda 'Yar Auta ta ce, tela kuma na ba shi ranar da ta riga ta gaskiya da sati 3. Gwajin jini mun yi tun kafin a sa rana, Anti, alhamdu lillahi babu matsala.

Barci bai gama dawowa ba. Har yanzu ina farkawa wani daren, amma sau biyu na rubuta abin da ya taso na koma na kwanta har asuba. Takalmin dai ya ƙi saki, gobe zan mayar.

'Yar Auta:
Ki tafi da yamma lokacin da ƙafa ta ɗan kumbura, ki gwada duka biyun a tsaye, ki taka a cikin shagon kafin ki karɓa. Kuma ki kai wa tela sabon kafin ya kama tsawon rigar.